Maganar bauta da Littafi Mai Tsarki, daga Kona zuwa zaurenmu

Iyayenmu dattawa, ina neman gafara tun kafin in soma, domin yau ba sanarwar taro ko ta ta'aziyya sakatare ya kawo muku ba kamar yadda aka saba. Magana ce mai ɗan tsawo, kuma akwai ɗaci a cikinta. Wanda yake sauri ya ajiye ta sai dare.

Kusan wata biyu ke nan samarinmu suna cacar baki a kan bauta. Ba bautar Ubangiji ba, waccan ta saye da sayar da mutane. Wasu na cewa Kiristanci addinin masu fataucin bayi ne, wai a jirgi ɗaya aka kawo mana Littafi da mari. Wasu kuma su mayar da martani cewa ai Kiristoci ne suka kashe bauta a duniya, Musulmi kuwa su ne suka riƙa kai hari kan duwatsu suna kwasar mutane. Kowa da hoton da ya tsinto a waya, kowa da malaminsa na TikTok. Har ta kai yara biyu da suka tashi a layi ɗaya sun daina gaisawa. Kun san ni Kirista ne, kuma mafi yawan waɗanda suka ɗora ni a kan wannan kujera Musulmi ne. Saboda haka ɗakinmu zan fi sharewa a wannan rubutu. Hausawa sun ce laifi tudu ne, ka taka naka ka hango na wani, ni kuwa nawa tudun nake so in tsaya a kai in duba ƙasa.

Amma kafin nan bari mu fara daga gida, daga garin da muke kwana muke tashi. Jalingo ba tsohon gari ba ne. A 1893 Sarkin Muri Muhammadu Nya ya kafa shi, kuma asalinsa sansanin yaƙi ne. Yaƙin da wa? Da Jukunawan Kona, waɗanda garinsu yake nan kusa da mu, har yau sunansu yana kan ɗaya daga cikin mazaɓun ƙaramar hukumarmu. Shekaru aka yi dakarun Muri suna fama da Kona ba su ci ta ba. Sai ga wani hafsan sojan ruwa na Faransa, Louis Mizon, ya hauro Binuwai da jiragensa a 1892, yana neman yarjejeniya da sarakuna don ya sha gaban kamfanin Ingilishi da ke riƙe da cinikin kogin, wato kamfanin George Goldie. Sarki yana son Kona, Mizon yana son takarda mai hatimi. Aka daidaita. A ƙarshen Disamba 1892, kwanakin Kirsimeti, igwar Faransa ta fasa ganuwar da dawaki suka kasa fasawa. Aka kashe na kashewa, aka kama mutane masu yawa aka mayar da su bayi, saura suka watse. Ingilishi suka yi ta ƙorafi, a 1893 gwamnatin Faransa ta kira Mizon gida.

Ku lura da shekarun. Faransa ta haramta bauta a ƙasashen da take mulka tun 1848. A 1890, shekara biyu kacal kafin faɗuwar Kona, ta sa hannu tare da sauran ƙasashen Turai a birnin Brussels a kan yarjejeniyar yaƙi da fataucin bayi a Afirka, bayan wani babban limamin Katolika ɗan ƙasarsu, Kadinal Lavigerie, ya zagaya Turai yana wa'azi a kan wannan masifa. Duk da haka ɗan ƙasar ya zo nan ya ɗana igwa don a kama mutane. To samarinmu, a wane layi za ku sa abin da ya faru a Kona? Mai rawani da mai hular Turawa gefe ɗaya suka tsaya a ranar. Mutanen da ke cikin ganuwa kuwa ba wanda ya tambaye su komai.

Yanzu in shiga ɗakinmu. Tun ina makarantar Lahadi ake koya mana cewa Kiristoci ne suka yaƙi bauta, ana ambatar William Wilberforce. Gaskiya ne, ba ƙage ba. Sai dai rabin labarin ne. Sauran rabin shi ne, mutanen da Wilberforce ya yi ta fama da su a majalisar Ingila su ma masu zuwa coci ne, kuma da ayoyi suke zuwa. Sukan buɗe Farawa sura 9, inda Nuhu ya la'anci Kan'ana ɗan Ham, su ce wai baƙar fata zuriyar la'anar ce. Wanda ya karanta wurin da idonsa zai ga babu maganar launin fata ko ɗaya, kuma ba a kan dukan 'ya'yan Ham la'anar ta sauka ba, amma an shafe ɗaruruwan shekaru ana wa'azi da ita. Sukan ce Ibrahim ya mallaki bayi kuma Allah bai tsawata masa ba. Sukan kawo Afisawa sura 6, inda Manzo Bulus ya umarci bayi su yi biyayya ga iyayengijinsu. Wadda suka fi so ita ce 'yar gajeriyar wasiƙar nan zuwa ga Filimon: ga bawa Unisimas ya gudu, ga Bulus ya mayar da shi wurin ubangidansa. Su ce, to, in manzo da kansa ya mayar da gudajjen bawa, wane ne kai?

Ba ɗaiɗaikun mutane kaɗai ba, hukumomin ikkilisiya ma sun tsoma hannu. A 1452 Fafaroma Nicholas na 5 ya rubuta wa sarkin Fotugal takardar izinin cin ƙasashen waɗanda ba Kirista ba da mayar da mutanensu bayi na har abada. Wata ƙungiyar yaɗa bishara ta Cocin Ingila ta gaji gonakin rake a tsibirin Barbados a 1710, ta ci gaba da noma su da bayi fiye da shekara ɗari, har akwai lokacin da ake ɗora wa bayin ƙarfe mai zafi a ƙirji da tambarin ƙungiyar, kamar yadda ake yi wa shanu. Sai a 2006 Cocin Ingila ta nemi gafara a fili. Wanda ya fi tsaya mini a rai shi ne wani Littafi da aka buga a Landan a 1807 musamman don bayin tsibiran Karibiyan. An cire mafi yawan Tsohon Alkawari da kusan rabin Sabon Alkawari. An cire labarin yadda Allah ya fitar da Isra'ilawa daga bautar Masar. An cire ayar Galatiyawa da ke nuna cewa a cikin Almasihu ɗa da bawa ɗaya suke. An bar ta biyayya. Waɗanda suka yi wannan yankan sun san abin da ke cikin Littafin sarai, shi ya sa suka san inda za su sa almakashi. Ƙiyasin masana ya nuna kimanin mutum miliyan 12.5 aka loda a jirage daga gaɓar Afirka zuwa ƙetaren Atlantika, kuma akwai Hausawa a cikinsu, har sun tayar da bore a Bahia ta Brazil tun daga 1807.

Kada a ce Turawa ne kawai. Akwai wani baƙar fata, Jacobus Capitein, da aka sace shi yana yaro daga yankin da yake Gana a yau, aka kai shi Holan, ya yi karatu har jami'ar Leiden. A 1742 ya rubuta kundin da ke kare cewa bauta ba ta saɓa wa 'yancin Kirista ba, domin a ganinsa 'yancin bishara na ruhu ne, ba na jiki ba. Aka naɗa shi fasto, aka tura shi Elmina, gidan da ake tsare bayi kafin a loda su, ya zama limamin ma'aikatan wurin. Bai daɗe ba ya rasu, a 1747. Ban iya zaginsa ba. Yaro ne da aka raba da uwarsa, waɗanda suka ciyar da shi suka biya masa makaranta su ne masu cinikin. Amma duk lokacin da na ji mai wa'azi yana gaya wa wanda aka danne cewa ya yi haƙuri, ai 'yancinsa na ruhu ne, sai Capitein ya faɗo mini.

Ɗaya ɓangaren kuma tsoho ne ƙwarai, ba Wilberforce ya fara shi ba. Tun ƙarni na 4 wani bishop mai suna Gregory na Nisa, a ƙasar da take Turkiyya yanzu, ya yi wa'azi yana tambayar masu bayi nawa ne kuɗin halittar da aka yi cikin kamannin Allah, kuma wa ya ba su ikon sayar da ita. Ba a bi shi ba, amma maganar ta zauna a rubuce. A 1688 wasu 'yan ɗariƙar Quaker a Germantown ta Amurka suka rubuta takardar ƙin bauta, hujjarsu kuwa mai sauƙi ce: wa a cikinku zai so a yi masa haka? Masu wannan ra'ayi sukan buɗe Fitowa sura 21, inda aka yanke hukuncin kisa ga wanda ya saci mutum ya sayar, da wasiƙar farko zuwa ga Timoti, inda aka jera masu satar mutane tare da masu kisankai. Game da Filimon kuma sukan ce a karanta wasiƙar har ƙarshe: Bulus ya roƙi a karɓi Unisimas a matsayin ɗan'uwa, kuma ya ce duk bashin da ke kansa a ɗora masa shi Bulus. Wa yake sayar da ɗan'uwansa?

Abin da ya fi ba ni mamaki shi ne labarin abokai biyu, John Wesley da George Whitefield. Tare suka yi Oxford, tare suka tayar da farkawar da ta haifi Methodist, dukansu masu wa'azin da dubbai ke kuka in sun ji su. Whitefield ya matsa a halatta bauta a yankin Georgia, ya kuma mallaki bayi don su noma gonar gidan marayunsa. Ku ji fa, gidan marayu. Wesley kuwa a 1774 ya buga ɗan littafi yana la'antar cinikin gaba ɗaya, kuma wasiƙar da ya rubuta kwanaki kaɗan kafin rasuwarsa a 1791 ta ƙarfafa wa Wilberforce gwiwa ce. Littafi ɗaya, addu'a ɗaya, amma ɗaya yana da gonar da ke bukatar hannuwa, ɗaya ba shi da ita. A iya karatuna, da wuya ka sami wanda ya kare bauta da aya alhali shi ko masu ciyar da shi ba su da riba a ciki.

Wannan rigima ta tsaga ikkilisiyoyin da muke zuwa yau, ko da yawancinmu ba mu sani ba. A 1844 Methodist na Amurka suka rabu biyu a kan wani bishop, James Andrew, da ya mallaki bayi, ba su sake haɗuwa ba sai 1939. A 1845 Baptist na kudancin Amurka suka ɓalle suka kafa tasu ƙungiya saboda an ƙi tura mai bayi aikin mishan. Ƙungiyar nan ce ta aiko Thomas Bowen ƙasar Yarabawa a 1850, daga nan Baptist ta kafu a Nijeriya, kuma sai a 1995 ta nemi gafara a kan asalinta. Ikkilisiyar da C. W. Guinter ya dasa a Bambur a 1923, wadda ta zama UMCN, ta shiga gidan Methodist ne ta haɗakar 1968, ta gaji Wesley, ta gaji Andrew. Gado ba a zaɓen rabinsa.

A makarantar Lahadi ba a cika gaya mana cewa bayin da kansu sun shiga muhawarar ba. Da suka koyi karatu, suka nemo wuraren da aka ɓoye musu. Sam Sharpe dikon ne na Baptist a Jamaika, bawa ne kuma. A Kirsimetin 1831 ya jagoranci dubban bayi suka ƙi aiki, abin ya zama bore, aka rataye shi a 1832. Shekara ɗaya bayan haka majalisar Ingila ta zartar da dokar 'yanta bayi. Ko a nan ma akwai abin takaici: fam miliyan 20 aka ware na diyya, kuma masu bayin aka biya, ba bayin ba. Na kusa da mu shi ne Samuel Ajayi Crowther, wanda aka kama yana yaro a ƙasar Yarabawa, jirgin yaƙin Ingila ya ƙwato shi a teku a 1822, ya zama bishop a 1864. Mutane kaɗan suka san ya taka ƙasar nan. A 1854 ya hauro Binuwai a jirgin Pleiad tare da Dokta Baikie, ya sauka ya tafi har garin Muri, wanda suka rubuta da sunan Hamaruwa, ya gana da sarki. Tsohon bawa ne ya fara zuwa fadar Muri da Littafi a hannu, kusan shekara arba'in kafin Mizon ya zo da igwa.

Akwai kalmar da muke rerawa kowace Lahadi ba tare da mun tsaya mun dube ta ba: fansa. Muna kiran Yesu Mai Fansa. Kakata, Allah ya ji ƙanta, ba daga coci ta fara sanin kalmar ba. A wurinta fansa ita ce dukiyar da dangi ke tarawa, wuri ko tufafi ko dabba, su bi sawun ɗansu da aka kama har inda aka kai shi su biya a sake shi. Takan ce gidan da ba su da abin fansa sai su yi makoki kamar an mutu. Akwai kuma murgu, kuɗin da bawa ke biyan ubangidansa don a bar shi ya yi sana'ar kansa, in ya yi sa'a ya tara abin da zai fanshi kansa. Waɗanda suka fara juya Littafi zuwa Hausa daga bakin irin waɗannan mutane suka ɗebi harshen. James Schön ya fara koyon Hausa ne wurin 'yantattun bayi a Saliyo, daga baya ya zauna da Dorugu, yaron ƙasar Damagaram da aka kama aka sayar har Kukawa, aka 'yanta shi, ya bi Heinrich Barth zuwa Tambutu da Ingila. Dorugu ya dawo gida, ya rasu a Kano a 1912, shekara ashirin kafin a buga cikakken Littafi Mai Tsarki na Hausa a 1932. Saboda haka idan tsohuwa irin kakata ta ji an ce an fanshe ta da jini, ba misali take ji ba. Ta san yadda ake ƙirga kuɗin, ta san wanda aka biya wa da wanda ba a biya wa ba.

'Yan mishan da suka zo yankinmu sun tarar da abin bai mutu ba. Dokar Lugard ta 1901 ta hana hari da ciniki, ta ce duk yaron da aka haifa bayan 31 ga Maris 1901 ɗa ne, amma ba ta 'yanta waɗanda ke hannu ba. Lugard yana tsoron gonaki su mutu, sarakuna su juya masa baya, sai ya bar bayi su bi ta kotun alƙali su fanshi kansu da guminsu. Ba a soke bauta gaba ɗaya a Arewa ba sai 1936. Masana tarihi biyu, Lovejoy da Hogendorn, sun ƙiyasta bayin da ke Daular Sakkwato wajen 1900 tsakanin miliyan 1 da miliyan 2.5. Yaran da aka ƙwato daga hannun fatake, waɗanda ba su ma san sunan garinsu ba, gwamnati ta tara su a Zungeru. A 1909 mishan ɗin SUM, wanda Karl Kumm ya jagoranta zuwa Ibi da Wase a 1904, ya karɓe su ya buɗe musu gida a Rumaisha, bakin Binuwai, da sunan marigayiya matarsa Lucy. Daga baya aka mayar da gidan Wukari, aka rufe shi a 1925. An ciyar da yaran, an koya musu karatu da sana'a, wasunsu suka zama masu bishara da malaman makaranta na farko a wannan yanki. Alheri ne babba, ba mai musun haka. Sai dai yaro marar uwa marar uba da aka sa a gabansa Littafi da kwanon tuwo, ba za a ce zaɓi ya yi ba, kuma rubuce-rubucen wasu 'yan mishan na lokacin cike suke da raina baƙar fata. Ina faɗin duka biyun ne domin duka biyun sun faru.

Ɓangaren 'yan'uwana Musulmi kuwa na bar wa malamai, su suka san littattafansu. Abu biyu kawai zan ajiye wa samarin cocinmu masu cewa can ba a taɓa muhawara ba. A 1615 Ahmad Baba na Tambutu ya amsa tambayoyin mutanen Tuwat a rubuce, ya ƙaryata cewa baƙin fata dalilin bauta ne, ya yi watsi da tatsuniyar la'anar Ham, ya kuma lissafa mutanen Kano da Katsina da Borno cikin waɗanda bai halatta a mallake su ba. Ya riga fastocin Amurka da yawa gane wannan da fiye da shekara ɗari biyu, ko da yake fatawarsa ba ta rufa wa irin mutanen Kona asiri ba, tunda ba Musulmi ba ne. Na biyu, Ahmad Bey na Tunis ya haramta bauta a ƙasarsa a 1846, kafin Faransa, kuma kusan shekara ashirin kafin Amurka ta yi a 1865.

Abin da ya sa ban ɗauki wannan a matsayin tsohon labari ba shi ne wata shari'ar aure da ta zo gaban dattawan ƙungiyarmu shekarun baya, ni ne na riƙe biro. Ba zan faɗi suna ko unguwa ba, kuma ina roƙon waɗanda suka gane su yi shiru. Yaro da yarinya, dukansu Kirista, coci ɗaya, ƙungiyar mawaƙa ɗaya. Yaron yana da aikinsa, ba ya sha, ba wanda ya taɓa jin kansa da kowa. An kai gaisuwa, an karɓa. Sai kawun yarinyar ya ce a dakata, ya yi bincike. Binciken ya nuna kakan kakan yaron ba ɗan ƙasa ba ne, kawo shi aka yi. Kalmar ke nan da ya yi ta maimaitawa, kawo shi aka yi, bai taɓa furta ɗaya kalmar ba. Mutumin nan dattijon ikkilisiya ne, shi ke raba jibin Ubangiji. Wani dattijonmu Musulmi ya ce masa, “Malam, ni ban san littafinku ba, amma na ji kuna cewa an fanshe ku duka. Shi wannan yaron ba a biya nasa ba ne?” Kawun ya ce wannan maganar coci ce, aure kuwa maganar jini ce. Zama uku aka yi. A ƙarshe abin da na rubuta a littafin ƙungiya shi ne: ba a daidaita ba. Yaron ya bar garin, yarinyar ta auri wani. Amsar kawun nan ita ce amsar Capitein, ba ƙari ba ragi: 'yanci na ruhu ne, jiki kuwa yana nan yadda aka same shi.

Kuma kada wani ya ce halin Kiristocin unguwarmu ne kawai. A gidajen Musulmi ma ana raɗa bacucane da dimajo in maganar aure ko sarauta ta taso, kowa ya sani. A ƙasar Ibo majalisar Jihar Gabas ta soke tsarin osu tun 1956, amma har gobe akwai masu zuwa coci da ba sa ba su aure. A Nijar sai 2003 aka sa bauta cikin manyan laifuffuka, kuma a 2008 kotun ECOWAS ta ba Hadijatou Mani gaskiya a kan gwamnatin ƙasarta, matar da aka sayar tana 'yar shekara 12. Mu nan kuma, yarinyar da aka ɗauko daga ƙauye “ta taya aiki”, ba makaranta, ba albashi a hannunta, tana kwana a kicin, ita wane suna za mu ba ta? Ranar wanka ba a ɓoyon cibi.

Na nemi izinin shugaba, ya amince in sa abu biyu a ajandar taron ƙarshen wata. Na farko, mu rubuta a tsarin mulkin ƙungiya cewa dattawanmu ba za su saurari maganar asalin bauta a matsayin hujja ba a duk sulhun aure ko gado da aka kawo gabansu. Na biyu, mu aika wa dattawan Kona takarda cikin ladabi, mu roƙi su turo mana wanda zai ba mu labarin 1892 yadda suka gada daga iyayensu, domin abin da na kawo a sama daga rubutun Turawa ya fito. In sun yarda, samarin nan biyu da ba sa gaisawa su za su ɗauki takardar su kai, a babur ɗaya. Mai gyara ko ƙari a kan waɗannan ya same ni a ofis bayan la'asar, ko ya rubuta a ƙasa, amma ban da zagi, zan goge. Waɗanda ake bi kuɗin wata uku kuma su zo da shi ranar taron, ma'aji ya ce in tuna muku.